Buɗaɗɗiyar wasiƙa zuwa ga Shugaban Jami'ar Ahmadu Bello a kan Malama Clara Ugbodaga-Ngu

Zuwa ga Mai Girma Shugaban Jami'ar Ahmadu Bello, Zariya,
da Majalisar Malaman Jami'a,
da Shugaban Sashen Zane-zane.

Assalamu alaikum.

Ranka ya daɗe, bayan gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya, kai da iyali da dukkan ma'aikata, Allah ya taya ka riƙon wannan babban gida. Ni malamar zane ce a wata sakandaren 'yan mata ta gwamnati a nan arewa. Na zaɓi in rubuto a fili, inda kowa zai karanta, domin maganar da na zo da ita ta shafi iyaye, ta shafi malamai irina, ta kuma shafi yaran da nake tsayawa gabansu kullum da alli a hannu. Roƙo ne a kan wata mata da ta koyar da zane a Samaru tun kafin a raɗa wa jami'arku suna, wato Malama Clara Etso Ugbodaga-Ngu. Ina roƙon jami'a ta ɗauki nauyin sanar da mutanen arewa ko ita wace ce, da harshen da suke ji, kuma ta bi hanyar da za ta haifar mana da wasu malaman zane mata.

A Kano aka haife ta a 1921, shekara 10 bayan jirgin ƙasa ya iso garin, lokacin da baƙi daga kudu ke ta tururuwa zuwa arewa neman abinci. Asalin gidansu ƙasar Edo ne. A wancan zamani, ganin 'ya mace a ajin boko abin kallo ne a ƙasar nan tamu, don sai a 1930 gwamnatin Turawa ta buɗe makarantun 'yan mata na farko a Kano da Katsina. Ita kuwa ta yi karatu har ta zama malama, ta koyar da zane a makarantun mishan daga 1945 zuwa 1950. Daga nan aka ba ta tallafin karatu ta tafi Landan, ta shiga makarantar koyon zane ta Chelsea, ta kammala a 1954. Da ta tsaya nan ma ya isa a yi mata kirari. Sai ta ƙara shekara guda a Cibiyar Ilimi ta Jami'ar Landan, ta karɓi takardar shaidar koyar da zane a 1955. Wannan shekara gudan ce ta fi tsaya mini a rai cikin dukkan tarihinta. Mutum ne ya riga ya iya abu da hannunsa, yana iya rufe ƙofa ya yi ta aikinsa yana sayarwa, amma ya koma ya durƙusa don ya koyi yadda zai koya wa wani. Duk wanda ya taɓa riƙe aji ya san iya zane dabam, iya sa yaro ya yarda da hannunsa dabam.

A 1955 ɗin ne aka ɗauko sashen koyar da zane na Kwalejin Fasaha da Kimiyya ta Najeriya, wato NCAST, daga Ibadan aka dawo da shi Zariya, a harabar da ta zama cibiyar jami'arku a 1962. A shekarar ce kuma ta dawo gida ta kama aiki a sashen, ta zauna har 1964. Ita ce 'yar Najeriya ta farko da ta koyar a can. Sauran malamai Turawa ne, manhajar kuma an ɗauko ta ne daga makarantun zane na Ingila, sukutum da guda. Ɗalibi zai shekara yana koyon yadda Bature ke kallon haske da inuwa, da tarihin zanen Turai, ba a ce masa ga aikin tagulla na Binin ko kawunan Ife ba, balle a leƙa da shi cikin birnin Zazzau ya ga abin da magina suka yi wa bangon gidaje. A tsakiyar wannan ne wata baƙar fata, mace, haifaffiyar Kano, ta tsaya gaban aji riƙe da irin takardun da Turawan ke riƙe da su. Ranka ya daɗe, ka fi ni sanin abin da hakan ke yi wa zuciyar ɗalibi. Ko ba ta buɗe baki ta ce komai a kan siyasa ba, tsayuwarta kaɗai ta gaya wa samarin nan cewa wannan ilimi ba gadon gidan wani ba ne.

Kowa a duniyar zane ya san abin da ya biyo baya. A 1958 wasu ɗaliban sashen suka kafa ƙungiyar masu zane ta Zariya, waɗanda daga baya aka riƙa ce wa 'yan tawayen Zariya: Uche Okeke, Demas Nwoko, Bruce Onobrakpeya, Yusuf Grillo, Simon Okeke, Oseloka Osadebe da sauransu. Aƙidarsu ita ce a karɓi abin da ke da amfani cikin ilimin Bature, a haɗa shi da abin da aka gada a gida, a fitar da zanen da zai dace da ƙasar da ke dab da samun 'yancin kai. An rubuta littattafai a kansu, an yi digiri a kansu, aikinsu na rataye a manyan gidajen zane na duniya, kuma sun cancanci hakan. Amma a wannan shekarar ta 1958 malamarsu ta baje kolin zanenta ita kaɗai a Cibiyar Commonwealth da ke Landan, abin da wata mace 'yar Najeriya ba ta taɓa yi ba kafin ita. Ɗalibai na shirin tawaye a Samaru, malamarsu na can tana nuna wa Ingila abin da hannun 'yar Najeriya ke iyawa. Duk da haka idan ana ba da labarin Zariya, sunayen maza ake jerowa, ita kuma a ambace ta a layi ɗaya a wuce, in ma an tuna.

Akwai wani abu a labarin nan da ba a cika tsayawa a kansa ba, kuma shi ne ya haɗa shi da maganar zanen bango da zan zo gare ta. Uche Okeke, wanda ya tashi a Kafanchan, shi ne ya fi kowa bayyana aƙidar ƙungiyar, kuma da ya tashi neman abin da zai gina nasa salon a kai, zanen uli ya koma wa. Uli kuwa sana'ar matan Ibo ce. Su ne ke zana shi a jikin juna, su ne ke zana shi a bangon gidaje da ɗakunan tsafi da jar ƙasa da farar ƙasa da gawayi, damina ta wanke, su sake sabo. Wajen mahaifiyarsa ya je ya tambaya. Daga baya ya kai wannan salo Jami'ar Nsukka, ya zama makaranta guda. Ke nan wani babban reshe na zanen zamani a Najeriya daga tafin hannun matan ƙauye masu shafe bango ya tsiro, ya ratso ta ajin wata malama mace a Samaru. Kuma tun suna ɗalibai yaran nan suka kama aikin bango. A bikin samun 'yancin kai na 1960, Okeke da Nwoko da Onobrakpeya sun yi manyan zane-zane a rumfar baje kolin fasaha a Legas. Yusuf Grillo ya yi suna wajen ƙawata gine-gine da gilashi mai launi. Mata ne suka fara, mace ce ta koyar, maza suka ɗauki suna.

Ita kanta ba ta ajiye buroshi ba don tana koyarwa. Ta zana matan kasuwa a 1961, ta zana mabarata a 1963, ta zana wani Bayarabe mai sayar da bammi a wannan shekarar. Mutanen da take gani a hanya take zanawa, talakawa masu neman na kansu. Tana kuma da zanen da ta yi a 1960 na siffofi da launuka zalla, tun lokacin da irin wannan salo baƙo ne a ƙasar nan. Wannan na ƙarshen yana hannun Jami'ar Birmingham a Ingila. Na mai bammin yana gidan adana kayan tarihi na Jami'ar Hampton a Amurka. A 2025 da gidan zane na Tate da ke Landan ya buɗe babban baje koli a kan zanen zamani na Najeriya, an sa ta a ciki. A lokacin, ɗan makarantar Landan yana iya hawa bas ya je ya tsaya gaban aikinta. Ɗalibata da ke zaune tafiyar 'yan awoyi daga inda matar nan ta koyar ba ta taɓa jin sunanta ba, haka uwarta, haka shugabar makarantarta.

Bayan Zariya rayuwa ta kai ta wurare. Ta auri likitan fiɗa ɗan Kamaru, Victor Anomah Ngu, wanda daga baya ya shugabanci Jami'ar Yawunde ya kuma riƙe ministan lafiya na ƙasarsu. Ta ba da shawara a shirye-shiryen FESTAC, bikin fasaha da al'adun baƙar fata na duniya da aka yi a Legas a 1977, ta koyar a Jami'ar Binin, a 1985 kuma Cibiyar Asele da ke Nimo a jihar Anambra, wadda tsohon ɗalibinta Uche Okeke ya kafa, ta karrama ta. Ɗalibi dai ya san malaminsa.

Bari in faɗa maka abin da ya sa wannan magana ta hana ni sakat. Duk ƙarshen zango, ranar da za a tafi hutu, 'yan matan ajina kan zauna a baranda suna yi wa juna ƙunshi. Akwai wata yarinya a cikinsu, ba ta da yawan magana, a bayan aji take zama. Na tsaya a kanta ina kallo tana yanka salatif da reza a kan murfin kwano, tana fitar da ƙananan ganyaye da taurari, kowanne daidai da ɗan'uwansa, ba ma'auni ba fensir. Ta jera su a ƙafar ƙawarta tun daga yatsu har idon sawu, ta bar fili inda ya kamata a bar fili, sannan ta ɗauki ledar lalle mai tsini ta zagaye gefen da wani siririn layi wanda bai karkace ba ko sau ɗaya. Da ta koma ɗaya ƙafar sai ta juya zanen gaba ɗaya a cikin kanta, dama ta koma hagu, ba ta ko sake duba ta farkon ba. Daidaito, maimaici, auna fili, duk abin da nake rubutawa a allo da Turanci ina fama su haddace, ga shi nan a yatsunta. Wannan yarinyar ce idan na miƙa mata takarda da fensir take sunkuyar da kai ta ce, "Malama, ni ban iya zane ba." A wurinta zane wani abu ne na cikin littafin Turanci, na maza, na mutanen Legas. Idan kuma na samu wadda ta nuna sha'awa na kira mahaifinta, tambayar ba ta wuce guda biyu: "Me za ta ci da shi?" da "Wa kika taɓa gani ya yi?" Tambayoyi ne na gaskiya, uba yana da hakkin ya yi su. Ta farkon ina da amsarta, don masu zanen atamfa da leshi, da masu zanen littattafan yara, da masu tsara talla a kwamfuta, da masu ƙawata gidaje duk suna cin abinci. Ta biyun ce ke buƙatar suna da fuska.

Suna ɗaya nake da shi wanda kowa ya sani, shi ne Ladi Kwali, kuma dalilin saninta shi ne tana bayan takardar naira 20. Idan na ciro kuɗin na nuna, sai ka ga idanun yara sun buɗe. Sai in gaya musu cewa matar nan maginiyar tukwane ce daga ƙasar Gwari, ta shiga cibiyar koyon ginin tukwane da Michael Cardew ya kafa a tsohuwar Abuja, wato Suleja ta yau, a 1954, ba ta yi boko ba, amma Jami'ar Ahmadu Bello ta ba ta digirin girmamawa na dakta a 1977. Nan ne suka fi yin shiru. Ranka ya daɗe, wannan abu da magabatanku suka yi kusan shekara 50 da suka wuce har yau yana aiki a ajin da ba su taɓa gani ba. Shi ya sa na san ƙofar da zan ƙwanƙwasa. Gidan da ya ɗaga maginiyar tukwane ya sa mata rigar dakta ba zai rasa yadda zai yi da malamar da ta share shekara 9 tana koyarwa a cikin harabarsa ba.

Na san abin da wasu za su ce, don an riga an faɗa mini. Za a ce ai ba Bahaushiya ba ce, ba 'yar arewa ba ce, me ya kai mu? A Kano aka yanke mata cibiya, a Zariya ta ba da ƙuruciyarta ta aiki. Sardauna da ya kafa jami'ar nan ya ce ƙofarta a buɗe take ga kowane jinsi da addini, kuma da hannun baƙi daga ko'ina aka gina ta. In muka ce sai wanda kakansa ya fito daga cikin ganuwa za mu tuna da shi, rabin tarihin Samaru za mu goge da hannunmu.

Za a kuma kawo maganar addini, a ce zanen mai rai akwai magana a kansa. Wannan ba abin wasa ba ne, ni ma Musulma ce, kuma hukuncinsa na malamai ne, ba nawa ba. Abin da na sani a matsayina na mai koyarwa shi ne, ko an cire mutum da dabba gaba ɗaya, abin da ya rage na zane ya fi ƙarfin rayuwar mutum guda. Zayyanar da alaramma ke yi a allon sauka da gefen shafin Alƙur'ani rubutun hannu zane ce. Aska takwas da ke ƙirjin babbar riga zane ce, kuma matan cikin birnin Zariya sun daɗe da yin suna wajen ɗinkinta da hannu. Dagi da ke goshin zaure zane ne. Bakan gizo, wato lanƙwasasshen ginin da ke riƙe rufi, da Babban Gwani Muhammadu Durugu ya ɗaure a Masallacin Juma'a na Zariya zamanin Sarki Abdulkarimu, da ƙawar da ya yi wa ginshiƙansa, Turawa masana gini sun zo sun auna sun rubuta littattafai a kai. Ba mu taɓa zama al'ummar da ba ta zane ba. Abin da ya faru shi ne boko ya zo da nasa ya kira shi darasi, namu kuma aka bar shi a waje.

Gaskiya ne a ƙasar Hausa zanen fuskar gida aikin magina ne, maza, ƙarƙashin Sarkin Magina. Amma cikin gida na mata ne. Ina yarinya na ga yadda ake gyara ɗakin amarya a ƙauyenmu. Tun kwana biyu kafin ranar ake jiƙa makuba, ɓawon ɗorawa, har ruwan ya yi ja-ja ya soma wari. Mata su taru su baza tsakuwa da ƙasa, su durƙusa a jere kowace da madaɓinta, ana bugu ana waƙa ana yayyafa makubar, har daɓen ya yi santsi yana ɗaukar ido. Sannan kakata ta kwaɓa farar ƙasa a ƙwarya, ta naɗe tsumma a hannu ta shafe bango, ta dawo da jar ƙasa ta ja layi a gindinsa, ta tsoma yatsu uku ta bi saman layin da ɗigo-ɗigo har ta zagaye ɗakin. Daga nan a zo jere, tasoshi da fanteka da kwanuka a hau da su bango, babba a ƙasa ƙarami a sama, launi na bin launi. Ba wanda ya kira kakata mai zanen bango, ita ma ba ta kira kanta ba. Siminti da fentin gwangwani sun zo sun share wannan duka cikin ƙarni ɗaya, kuma matan da suka iya suna ƙarewa.

To ga abin da nake roƙo, kuma zan fara da wanda ba ya jira. Mutanen da suka zauna a ajin Malama Clara sun kusa ƙarewa. Uche Okeke ya rasu a 2016, Yusuf Grillo a 2021, Jimo Akolo, wanda ya yi zamani da su kuma ya daɗe yana koyarwa a jami'arku, a 2023. Bruce Onobrakpeya an haife shi a 1932, Demas Nwoko a 1935. A tura malami ɗaya da ɗalibai biyu da na'urar ɗaukar magana su je su zauna da duk wanda ya rage cikin ɗalibanta, su tambaye shi yadda take shiga aji, me take sa su zana, me take cewa idan aiki bai yi ba, ina take kai su. A tuntuɓi iyalinta a Kamaru cikin mutunci. Ku ne magadan takardun NCAST, don haka a buɗe ma'ajiya a tattaro duk wata wasiƙa, jadawalin darasi ko hoto da ke ɗauke da sunanta, a ajiye su wuri guda a Ɗakin Karatu na Kashim Ibrahim inda mai bincike zai same su. Kuɗin wannan aiki bai kai na walimar taro ɗaya ba.

Abin da aka samo kada ya tsaya a mujallar da sai farfesa ke karantawa. Kuna da sashen harsunan Afirka, kuna da maɗaba'a, kuna da gidan rediyo. A rubuta ɗan ƙaramin littafi da Hausa, mai hotuna masu launi, wanda 'yar aji biyu a ƙaramar sakandare za ta karanta a zama ɗaya, a nemi izinin Birmingham da Hampton a buga hotunan ayyukanta a ciki. Jami'a ce ke iya rubuta wa jami'a irin wannan wasiƙa a amsa mata. Ni in na rubuta, ba wanda zai buɗe.

Sai bango. Wannan shi ne abin da na fi so, kuma na daɗe ina juya shi a raina. A ware bango guda babba a Samaru, inda jama'a ke wucewa, a damƙa shi ga ɗalibai mata na sashen zane su yi aiki a kansa da sunanta. Kada a ba ɗan kwangila, kada kuma a buga hoto a leda a manna. Su hau tsani da kansu, su auna, su raba bangon gida-gida, su haɗa launi, rana ta doke su, masu wucewa su tsaya su ga 'ya'ya mata da hijabi da buroshi a hannu suna aikin da aka ce na maza ne. Kafin su fara, a shiga da su cikin birni su zauna da tsofaffin magina, su zauna da matan da ke ɗinkin riga, a nemo tsohuwar da ta san makuba da farar ƙasa a kawo ta a matsayin malama, a biya ta kamar yadda ake biyan duk wani baƙon malami. Ba dole sai an zana fuskar kowa ba. Dagi, da aska, da zayyana, da layin uli, da irin siffofin da ita Malama Clara ta yi wasa da su a 1960 sun isa su cika bango, kuma haɗuwarsu wuri guda ita ce ainihin abin da aka yi ta muhawara a kansa a sashen nan tun 1958. A rubuta sunanta da shekarun aikinta a ƙasa, da Hausa da Turanci da ajami. Bayan 'yan shekaru idan rana da ruwa sun cinye fentin, a ba sabon aji su sake nasu, yadda kowace 'yar sashen za ta fita da sanin cewa ta taɓa riƙe bango.

Na ƙarshe shi ne mafi nauyi a aljihu, na sani. Darasin fasaha da al'adu yana cikin manhajar firamare da ƙaramar sakandare, amma a makarantu da yawa da na sani, duk malamin da ba shi da aji a wannan awa shi ake turawa, ya rubuta ma'anar launi a allo yara su kwafa, a tashi ba wanda ya taɓa launi. A makarantun 'yan mata abin ya fi tsanani, don iyaye da yawa sun fi sakin jiki idan mace ce ke koyarwa, matan kuma ba su. Jami'arku tana da Cibiyar Ilimi da ta daɗe tana horar da malamai a faɗin arewa. A kafa tallafin karatu da sunan Clara Ugbodaga-Ngu, ko na mutum biyar ne a shekara, don 'yan matan jihohin arewa da za su karanta zane tare da koyarwa, da sharaɗin su koma aji na wasu shekaru. Tsofaffin ɗaliban sashen suna ko'ina a duniya, wasunsu zane ɗaya nasu ya fi albashina na shekara goma. Idan jami'a ta kira su da sunan malamar malamansu, ina kyautata zaton za su amsa. A lokacin dogon hutu kuma a buɗe mana ƙofa, mu da muke fagen, mu zo mu yi mako biyu muna sabunta hannu, a koya mana yadda ake haɗa launi daga shuni da jar ƙasa da gawayi da ƙaro, tunda kwalin fenti ɗaya na kanti ya fi ƙarfin abin da ake ba mu.

Ban rubuto don in ɗora wa kowa laifi ba. Sashen zane na Zariya shi ne uwa ga da yawa daga cikin sassan zane na jami'o'in ƙasar nan, kuma alfaharinmu ne mu duka. Idan an riga an fara wani abu cikin abin da na lissafa, ina roƙon a fito da shi fili mu ji, mu kawo yaranmu su gani. Idan kuma aka sa ranar fara bangon, ina neman alfarma a sanar da makarantun 'yan mata na Zariya da Kaduna da Kano da Katsina tun da wuri, don mu samu mu nemi izinin iyaye da motar da za ta kawo su. Nawa ɗaliban za su zo, kuma sun iya riƙe tsani da wanke buroshi.

Allah ya ƙara wa jami'a albarka, ya ba ka ikon sauke nauyin da ke kanka.

Wassalam.

Taka mai biyayya,
Malamar zane a wata sakandaren 'yan mata.